Shin Ko Kun San? Gangunan Terry Williams

Shin ko kun san ƙungiyar kiɗan Rockpile ta Birtaniya ta yi shekaru tana fitar da faifai ba da sunanta ba? Kwantiragi ne ya ɗaure ta. Cikin 'yan ƙungiyar, Dave Edmunds yana hannun kamfanin Swan Song, Nick Lowe kuma yana hannun Radar. Shi ya sa a 1979 aka fitar da faifai biyu, Repeat When Necessary da sunan Edmunds, Labour of Lust da sunan Lowe, alhali mutum huɗun ƙungiyar ne suka kaɗa duka biyun. Wanda ke zaune a bayan ganguna shi ne Terry Williams, ɗan Swansea a yankin Wales, haifaffen 1948, wanda ya goge tun yana ƙungiyar Man.

Sai a 1980 suka samu sararin buga sunansu a kan faifan Seconds of Pleasure, ta hannun F-Beat, ƙaramin kamfani mai zaman kansa. Shekara na zagayowa suka watse.

Shin ko kun san daga nan Williams ya bi mawaƙin Amurka Meat Loaf yawon wasa, kafin a 1982 ya gaji kujerar makaɗin ganguna Pick Withers a ƙungiyar Dire Straits?

Ga inda labarin ya yi ɗaci. A ƙarshen 1984 Dire Straits suka tare a tsibirin Montserrat don ɗaukar faifan Brothers in Arms. Williams mutumin dandali ne, mai nauyin hannu, wanda ya saba tayar da taro tsaye. Mark Knopfler da Neil Dorfsman, masu kula da aikin, suka saurari abin da ya kaɗa, bai kwanta musu ba. Aka ɗauko Omar Hakim, makaɗin jaz daga Amurka, cikin 'yan kwanaki ya sake kaɗa kusan komai. Amma rugugin gangunan nan da ke ta hauhawa a farkon waƙar "Money for Nothing", kafin jitar Knopfler ta tsage, ba a taɓa shi ba, hannun Williams ne. A ganina babu wurin da ganga ta yi magana a faifan kamar nan. Faifan kuwa ya sayu sama da kwafi miliyan 30.

Bai yi zuciya ya tafi ba. Da aka fita yawon duniya shi aka ɗora a kujera. Shi ya kaɗa a Wembley ranar 13 ga Yulin 1985, a wasan Live Aid na tara kuɗi saboda yunwar Habasha. Ya sake hawa dandalin nan a watan Yunin 1988, a bikin cikar Nelson Mandela shekara 70, Mandela kuwa yana kurkuku.

Daga baya ya koma gida Swansea, ya buɗe kulob na kiɗan blues.