Lang Ping, Gudumar Ƙarfe ta Ƙasar Sin

A fagen ƙwallon raga na mata, da wuya a sami wadda ta yi suna kamar Lang Ping, haifaffiyar birnin Tianjin a shekarar 1960. Saboda ƙarfin dukanta aka yi mata laƙabi da Gudumar Ƙarfe. Tana cikin waɗanda suka ciwo wa ƙasar Sin Kofin Duniya a 1981, da zinariyar Olamfik a Los Angeles a 1984.

Da ta bar wasa sai ta koma horarwa. A 2008 tana riƙe da ƙungiyar Amurka, 'yan wasanta suka ka da Sin da ci 3 da 2 a Beijing, a gaban jama'arta, har wasu suka zarge ta da cin amanar ƙasa.

An ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi, amma a 2013 Sin ta sake damƙa mata ƙungiyarta, ta kuwa ciwo zinariya a Rio a 2016. Kafin ita ba wanda ya taɓa cin wannan lamba yana ɗan wasa, ya sake ci yana mai horarwa.