Bashin Albashi: Shekara 19 Kafin Kotu Ta Ce a Biya

Manomin Mahuta da ya ba ɗan kasuwar Funtua bashin masara buhu goma ya san ƙofar gidansa, ya kuma san dattawan da zai kai wa ƙara in aka fara yi masa yau da gobe. Malamin jami'ar da ya yi ritaya yana bin bashin albashi ba shi da wannan gata. Wanda ya riƙe masa kuɗi ofis ne, shi kuwa ofis kullum takardarsa tana Abuja.

Ba sai an je nesa neman misali ba, ga Zariya nan kusa. A 1996, zamanin Janar Sani Abacha, lokacin da Jami'ar Ahmadu Bello take hannun kantoman soja Manjo Janar Mamman Kontagora, aka sallami ma'aikata 110. Sai a 2015 Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ta ce korar ba ta bisa ƙa'ida, a mayar da su, a kuma biya su haƙƙoƙinsu, kimanin naira biliyan 2.5. Wanda aka kora yana ɗan shekara 45 ya ji wannan hukunci yana da 64, furfura ta cika kai, ritaya ta iso ƙofa.

To, an ci shari'a, ina kuɗin? Jami'a ta ɗaukaka ƙara, ba ta yi nasara ba. Duk da haka sai da aka kai 2022 ana jan magana, inda kotu ta umarci Babban Bankin Najeriya ya fitar da kuɗin daga asusun jami'ar. Abin da ya kawo bankin cikin rigimar shi ne, tun 2015 kuɗaɗen hukumomin tarayya suka koma asusun bai-ɗaya da ke hannunsa. Akwai kuma wata tsohuwar doka da ta ce ba a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati don biyan bashin hukunci sai da yardar Antoni-Janar. Wato mai bin gwamnati bashi ya nemi izinin lauyan gwamnati. Kura ce aka ba ajiyar nama.

Ana wannan ja-in-ja, naira na ta zubewa. A 2015 dala ɗaya ba ta kai naira 200 ba a farashin gwamnati. A 2024 ta haura 1,500. Duk wanda ke sayen buhun taki a Malumfashi ba ya bukatar a yi masa wannan lissafi.

Malamai 49 na Jami'ar Ilorin da aka kora a 2001 sun ɗan fi sa'a, don Kotun Ƙoli ta mayar da su a 2009 tare da albashinsu, sai dai wasu sun riga mu gidan gaskiya kafin ranar.

Asarar ba ta tsaya kan albashi ba. A tsarin fansho na yanzu, kowane wata ana cire kashi 8 cikin 100 daga albashin ma'aikaci, gwamnati ta ƙara kashi 10, a zuba a asusunsa. Watan da ba a biya ba, asusun ma ya kwana da yunwa. Wannan ya shafi malaman da aka riƙe wa albashi saboda yajin aikin ƙungiyar malaman jami'o'i, ASUU, na wata takwas a 2022, aka biya su na wata huɗu a 2024, alhali wasunsu sun riga sun ajiye alli.

Mai niyyar zuwa kotu kada ya yi sanya. Lauyoyin hukumomi sukan fara fakewa da dokar da ta ba da wata uku kacal don ƙarar jami'in gwamnati, ko da yake kotuna sun sha saɓani kan ko ta shafi bashin albashi. Alƙali kuma takarda yake gani: ta ɗaukar aiki, ta ƙarin girma, ta albashin wata-wata, da kofen duk wasiƙar koke mai hatimin ofishin da ya karɓa. In mai haƙƙin ya rasu, da waɗannan takardu magada za su ci gaba da bin bashin, bayan sun karɓo takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga kotu.