Littattafan Soyayya da Matan Bakin Tafkin Madarunfa

Madarunfa gari ne da ke kudu da birnin Maraɗi, tafiyar da ba ta kai kilomita 30 ba, kuma shi ne babban garin gundumar da ta haɗa Ɗan Isa da Gabi da Safo da Jiratawa da Sarkin Yamma, wadda ta yi iyaka da Jibiya ta Jihar Katsina. An fi sanin garin da tafkinsa da kuma kaburburan waliyyai 99 da al'ada ta ce suna kewaye da shi, abin da ya sa a 2006 ƙasar Nijar ta shigar da tafkin da dajinsa da kaburburan cikin jerin wuraren da take neman hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya. Masunta da manoman rani da masu ziyara duk suna da wurinsu a cikin abin da ake faɗa game da wannan yanki, amma matan ƙauyukan da ke bakin ruwan, waɗanda su ne ke riƙe da gidaje da tarbiyya da kaso mai yawa na sana'ar hannu, ba a cika tambayar ko rayuwarsu ta shiga littafi ba, ko kuma wa ya rubuta ta, da wane harshe.

Littattafan Hausa da suka fi kusantar wannan rayuwa su ne waɗanda ake kira littattafan soyayya, wato ƙagaggun labarai na zube da ke magana a kan so da aure da zaman iyali, waɗanda galibinsu a Kano ake rubuta su a buga su. Tushensu ya koma gasar da Rupert East ya shirya a 1933, wadda ta haifar da littattafai biyar, cikinsu har da Jiki Magayi na John Tafida Wusasa da shi East ɗin, labarin saurayin da mai kuɗi ya ƙwace masa budurwa. Sai dai duka maza ne suka rubuta su, kuma an shafe fiye da shekara 40 kafin muryar mace ta fito, lokacin da kamfanin NNPC na Zariya ya buga So Aljannar Duniya na Hafsat Abdulwaheed a 1980, labarin Bafulatanar da ta dage a kan auren wanda take so ko da yake ba ɗan ƙabilarta ba ne. Da tattalin arzikin Nijeriya ya taɓarɓare a tsakiyar shekarun 1980, manyan kamfanonin ɗab'i suka ja baya, sai matasan marubuta suka koma buga littattafansu da kuɗin aljihunsu, a ƙananan kundaye masu araha da ake raba su kashi na ɗaya da na biyu da na uku. Rabin Raina na Talatu Wada Ahmed yana cikin na farko, In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino kuma yana cikin waɗanda suka fi yaɗuwa.

Marubuciyar da ta fi dacewa a tsaya a kanta ita ce Balaraba Ramat Yakubu, ƙanwar marigayi Janar Murtala Ramat Muhammed, wadda aka cire daga makaranta aka aurar tana da kimanin shekara 13, daga baya ta koma karatu ta hanyar ilimin manya. A Wa Zai Auri Jahila? na 1990 ta kawo labarin Abu, 'yar ƙauye da mahaifinta ya raba da makaranta, saurayinta ya guje ta don ba ta yi boko ba, aka ɗaura mata aure da dattijo Sarkin Noma, ta gudu birni ta yi karatu har ta tsaya da ƙafafunta. A Alhaki Kuykuyo Ne kuwa, wanda shi ma ya fito a 1990, ta bi Rabi, uwar 'ya'ya tara, wadda mijinta Alhaji Abdu ya kora bayan ya yi amarya, ta koma sayar da abinci tana ciyar da yara tana biyan kuɗin makaranta, har ranar da dukiyar mijin ta salwanta aka taru a kanta ta koma ɗakinta. Ƙarfin wannan littafi yana cikin ƙarshensa, domin marubuciyar ba ta yi wa mai karatu alkawarin da rayuwa ba ta cikawa ba: Rabi ta koma, amma da nauyin gidan duka a wuyanta, kuma duk macen da ta taɓa ganin an yi wa yayarta ko uwarta biko irin wannan ta san abin da ake nufi. Aliyu Kamal ya fassara shi zuwa Ingilishi, kamfanin Blaft na ƙasar Indiya ya buga a 2012.

Bilkisu Salisu Ahmed Funtuwa, mai Allura Cikin Ruwa da Wa Ya San Gobe? da Ki Yarda da Ni, ta bi wata hanyar, inda taurarinta mata suke da ilimin boko da na addini, suna cin nasara a gidan miji da wurin aiki ta hanyar haƙuri da tsafta da iya zama da kishiya. Malamai sun daɗe suna jayayya a kan darajar wannan adabi, Ibrahim Malumfashi ya kira shi adabin kasuwar Kano yana sukar raunin rubutunsa, Abdalla Uba Adamu da Yusuf Adamu suka kare shi da cewa ya koya wa dubban mata karatu, sannan a 2007 gwamnatin Kano ta ƙona wasu daga cikin littattafan a bainar jama'a da sunan gyaran tarbiyya.

Hanyar da ta tashi daga Kano ta bi Katsina da Jibiya da Ɗan Isa ta shiga Maraɗi ta ratsa gundumar Madarunfa, kuma ita ce hanyar atamfa da kayan ɗaki da fina-finan Hausa da littattafai, domin mutanen ɓangarori biyu na iyakar dangin juna ne tun lokacin da sarakunan Katsina na Haɓe suka kafa Maraɗi bayan jihadi a farkon ƙarni na 19. Amma akwai wani shinge da mai karatu na Kano bai sani ba. Makarantar gwamnati a Nijar da Faransanci take koyarwa, in ban da ƙalilan na gwaji masu harshe biyu da aka fara a Damagaram a 1973, don haka yarinyar da ta yi 'yan shekaru a aji tana iya fita ba ta ƙware a Faransancin ba, ba a kuma koya mata karanta harshen da take magana da shi ba. Mafi yawan matan karkara a Nijar ba sa karanta boko ko kaɗan. Saboda haka labarin soyayya ya fi isa ƙauye ta kunne, ko dai wata ta karanta wasu su saurara, ko ta fim ɗin da aka ɗauko daga littafi, ko kuma a yanzu ta wayar hannu, inda ake tura littattafai shafi-shafi a WhatsApp, ake kuma karanta su da murya a YouTube a sauke su a katin waya.

Dalilin da ya sa labaran suke kama zuciya a wannan yanki a bayyane yake ga duk wanda ya dubi alƙaluma. Binciken lafiya da yawan jama'a na ƙasa na 2012 ya nuna cewa kashi 76 cikin 100 na 'yan matan Nijar ana aurar da su kafin su cika shekara 18, kashi 28 kuma kafin 15, a jihar Maraɗi adadin ya haura kashi 80, sannan matsakaicin haihuwar mace a ƙasar ya kai 7.6. A Danja, kudu da Maraɗi, an buɗe cibiyar aikin yoyon fitsari a 2012, wato lalurar da ke samun mace idan naƙuda ta yi tsawo ba a kai ta asibiti ba, kuma ƙananan mata ne suka fi faɗawa cikinta. Abu ta cikin littafin Balaraba ba baƙuwa ba ce a Gabi ko Safo, kuma wannan shi ne babban alherin littattafan soyayya da masu sukarsu suka raina: sun fito da auren dole da sakin wulaƙanci da rashin adalci tsakanin kishiyoyi daga cikin ɗaki, suka mayar da su abin da za a iya tattaunawa ba tare da an ambaci sunan kowa ba.

Duk da haka, mafi yawan littattafan a birni suke zaune. Gidajensu na bene ne, mazajensu 'yan kasuwa ne ko manyan ma'aikata, matsalar tauraruwar kuma takan ƙare idan ta samu miji mai hali da tausayi, ƙauye kuwa wuri ne da ake gudu daga gare shi. Matsalar macen bakin tafki ta fi haka zurfi, domin aurenta a ɗaure yake da ƙasa. A al'adar noman wannan yanki akwai gandu, wato gonar gida da ake nomawa tare a ƙarƙashin maigida, akwai kuma gamana, ɗan filin da ake yankar wa mace ko saurayi ya noma don kansa, kuma daga gamana ne mace ke samun abin biki da na kayan ɗakin 'yarta da abin rufin asiri a lokacin bazara. Marthe Doka da Marie Monimart, a binciken da suka wallafa a 2004, sun nuna cewa a kudancin Maraɗi, musamman Jiratawa, yawan jama'a ya matse gonaki har maza suka daina ba mata gamana, aka shiga abin da ake kira kullen gona, wato hana mace zuwa gona da sunan kulle alhali ainihin dalilin shi ne babu filin da za a ba ta. An samu matan da suka tashi ba su iya noma ba, suka dogara ga ƙananan sana'o'i da tallan da 'ya'yansu mata ke yi, wanda shi kansa yana cire yara daga makaranta ya gaggauta aurensu. Ga kuma tafiyar maza ci-rani Nijeriya ko Libiya ko Aljeriya, wadda ke barin amarya a hannun uwar miji shekara da shekaru, ga 'yan bindigar da suka addabi ƙauyukan kan iyaka da satar shanu da satar mutane a 'yan shekarun nan. Kowanne daga cikin waɗannan labarin soyayya ne da na iyali, amma da wuya a same shi a littafin da aka rubuta a Kano.

Akwai kuma abin alfahari da ya cancanci marubuci. A jihar Maraɗi ne ƙungiyar CARE ta fara tsarin Mata Masu Dubara a 1991, inda mata ke zuba kuɗi kaɗan-kaɗan kowane mako a asusu guda, su ranta wa junansu, su raba a ƙarshen zagaye, tsarin da daga baya aka kwaikwaya a ƙasashe da dama na Afirka da Asiya. Matan da suka gina wannan da ribar zogale da ƙuli-ƙuli da kiwon awaki sun isa a yi su taurarin littafi.

Waɗanda suka zauna suka saurari matan karkarar Hausa da kyau suka rubuta, yawancinsu baƙi ne masu bincike. Mary Smith ta ɗauki tarihin Baba, wata dattijuwa 'yar Karo, daga bakinta a ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950, aka buga shi da Ingilishi a 1954 da sunan Baba of Karo, kuma har yau babu littafin da ya kai shi bayyana aure da kishi da ƙawance da riƙon 'ya'ya a ƙauyen Hausa ta bakin mace. Barbara Cooper, 'yar Amurka, ta wallafa Marriage in Maradi a 1997, inda ta bi tarihin aure a Maraɗi daga 1900 zuwa 1989, ta nuna yadda ƙarshen bauta ya sauya aikin matan aure, yadda kulle ya yaɗu tare da arzikin alhazai, da yadda kayan biki suka zama hanyar da mata ke nuna darajarsu da ta danginsu. Aiki ne mai daraja, amma da Ingilishi yake, a ƙasar da ko masu boko Faransanci suka karanta, don haka jikokin matan da aka yi hira da su ba su da hanyar karanta abin da kakanninsu suka faɗa. Wannan rashi ne babba, kuma fassara kaɗai za ta rage shi.

Alamun sauyi sun fara bayyana. Gasar Hikayata ta gajerun labarai da sashen Hausa na BBC ya buɗe wa mata a 2016 ta jawo marubuta daga ɓangarorin biyu na iyaka, kuma a 2022 Amira Souley, 'yar Jamhuriyar Nijar, ita ce ta zo ta ɗaya da labarinta Garar Biki, wanda sunansa ya ɗauko al'adar gara, wato kayan abinci da iyayen amarya ke kai wa gidan ango, nauyin da kowane gida a ƙasar Maraɗi ya san zafinsa. A Yamai akwai kamfanin ɗab'i na Gashingo da ke buga littattafai da harsunan ƙasa, sannan kundin tsarin mulkin da hukumomin Nijar suka amince da shi a watan Maris na 2025 ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. Wannan matsayi zai yi amfani ne idan ya sauka cikin aji, aka koya wa yarinyar Madarunfa karanta Hausa da rubuta ta tun daga shekarar farko, aka sa littattafan Balaraba da takwarorinta a hannun masu ajin yaƙi da jahilci, aka fassara littafin Cooper. Malaman makaranta da gidajen rediyon Maraɗi da ƙungiyoyin mata su ne suka fi kusa da wannan aiki, kuma ya kamata su nemo 'yan matan yankin da ke rubutu a waya, su ƙarfafa musu gwiwa su rubuta gamana da ci-rani da asusu da zaman bakin tafki kamar yadda suka san su, sannan a buga abin da suka rubuta a karanta shi a rediyo.