Kafin ka huda bayan kunkurun nan

Ka ga kunkurun akwati a TikTok? Ɗan Amurka ne, masana na kiransa Terrapene. Ƙoƙon cikinsa na lanƙwashewa, ya rufe kansa ruf. Babban na tudu da muke kiwo a Dutse daban ne: Centrochelys sulcata, ɗan Sahel.

Masu huda ƙoƙonsa su ɗaura igiya, don Allah ku bari. Ƙashi ne fa mai rai, haɗe da haƙarƙari. Yana jini, yana jin zafi.

Ciyawa yake ci, ba ragowar tuwo ba. Bar masa ƙasa ya haƙa rami saboda zafin bazara. Yakan haura shekara 50, to wa zai riƙe shi ranar da ka tafi bautar ƙasa?