Garin Deline na Ƙabilar Dene: Tarihinsa da Yawan Jama'arsa

Gabatarwa

Masu iya magana kan ce, kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi. Wannan maƙala za ta yi tsokaci ne a kan wani ɗan ƙaramin gari mai suna Deline da ke can arewacin ƙasar Kanada, wanda mutanensa ba su kai 600 ba, amma duk da haka sun yi tsayin daka har suka maido da sunan garinsu da ikon tafiyar da al'amuransu.

Muhalli da Jama'a

Deline yana gaɓar yamma ta tafkin Great Bear, wato tafki mafi girma da ke kwance gaba ɗayansa a cikin Kanada, mai faɗin kimanin murabba'in kilomita 31,000. Tsakaninsa da Yellowknife, babban birnin yankin, akwai tazarar fiye da kilomita 500. Ba a shiga garin da mota sai lokacin hunturu, sa'ad da ruwa ya daskare aka shata hanya a kan ƙanƙara. In ba haka ba, sai jirgin sama ko na ruwa. Ƙidayar shekarar 2016 ta nuna mutum 533 ne a garin, ta 2021 kuwa ta nuna 573, kuma akasarinsu 'yan ƙabilar Dene ne. Sana'o'insu na gado su ne su da farauta.

Harshe

Kalmar Dene tana nufin "mutane". Harshen mutanen Deline yana cikin dangin harsunan Atabaska, waɗanda suka haɗa da harshen Nabaho na Amurka. Abin sha'awa ga ɗalibin Hausa shi ne, wannan harshe yana da karin sauti mai bambanta ma'ana, kuma yana da baƙaƙe tunkuɗau irin su "ƙ" da "ts" namu. Haka nan yana da wasula 'yan hanci, waɗanda ake yi wa 'yar ƙugiya a ƙasa wajen rubutu. Ma'anar sunan Deline ita ce "inda ruwa ke gudana", domin kusa da garin ne kogi ya fice daga tafkin.

Tarihi

Kafin zuwan Turawa, mutanen Dene ba su da mazauni guda, suna zagaya tafkin ne gwargwadon yanayin kifi da namun daji. A shekarar 1825 wani Baturen Ingila mai yawon bincike, John Franklin, ya yi hunturu a wurin, daga nan Turawa suka laƙaba masa Fort Franklin. Sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu ne jama'a suka tare a garin sosai, bayan an gina makaranta.

A shekarar 1930 aka gano ma'adini a gaɓar gabas ta tafkin, a wurin da aka kira Port Radium. Da farko rediyom ake nema, daga baya aka koma ga yuraniyom, har zuwa 1960. Mazan Deline da dama sun yi dakon buhunan wannan ma'adini a kafaɗa, ba tare da an faɗa masu haɗarinsa ba. Wani kaso na yuraniyom ɗin ya shiga shirin Amurka na ƙera makamin ƙare-dangi. Da ciwon daji ya riƙa ɗauke tsofaffin 'yan dakon, sai aka fara kiran garin "ƙauyen zawarawa", ko da yake rahoton haɗin gwiwa na 2005 bai tabbatar da cewa dakon ne sanadi ba. A 1998 wata tawaga daga garin ta tafi Hiroshima ta ƙasar Japan domin nuna alhini, alhali su ma ba da saninsu aka yi ba.

Maido da Suna da Iko

A shekarar 1993 aka ajiye sunan Fort Franklin, aka maido da Deline a hukumance. A wannan shekarar ce kuma mutanen yankin suka ƙulla yarjejeniyar mallakar ƙasa da gwamnatin Kanada. A 2016 hukumar UNESCO ta sanya yankin tafkin cikin jerin muhallan da ake killacewa, sannan ranar 1 ga Satumba ta wannan shekara garin ya kafa gwamnatinsa, mai ikon yin dokoki a kan harshe da al'ada da ilimi.

Kammalawa

Har yanzu akwai jan aiki, domin Ingilishi ya fi sauƙi a bakin yara da yawa, musamman ganin yadda makarantun kwana na da suka hana iyaye da kakanni magana da harshensu. Harshen da masu shi 'yan ɗaruruwa ne, rasuwar dattijo guda ba ƙaramin giɓi ba ce. Darasin da ke nan ga mai nazarin harshe shi ne, yawan jama'a kaɗai ba ya raya harshe. Abin da ke raya shi shi ne a yi magana da shi a gida, a koyar da shi a makaranta, a kuma yi mulki da shi.