Baƙon Kaɗanya: Malam-buɗe-littafin Dare na Dajin Ngaski

Yau shirin namu zai bar bakin tafkin Kainji ya hau tudu, cikin ciyawar gamba da itatuwan kaɗanya, wurin wani ƙwaro da manomi ya san tsutsarsa sarai amma da wuya ya taɓa ganin uwarta.

Malam-buɗe-littafin dare ne, babba, mai launin ƙasa-ƙasa, idan ya buɗe fukafukansa ya kusa cika tafin hannun babban mutum. Masana kimiyya suna kiransa Cirina forda. Ba baƙon haure ba ne irin tsutsar masara da ta shigo Najeriya daga nahiyar Amurka a 2016. Ɗan gida ne, yana rayuwa a yankin da kaɗanya ke tsirowa, daga Kwara da Neja har zuwa Burkina Faso da Mali.

Rayuwarsa tana farawa ne da ruwan farko. Da zarar ƙasa ta jiƙu a watan Mayu zuwa Yuni, sai ya fasa ƙasa ya fito daga ƙarƙashin itaciya, ya tsaya fukafukansa su bushe, ya tashi. Abin mamaki, masu sauraro, babban ƙwaron nan ba ya cin komai. Bakinsa bai ginu don ci ba. Da kitsen da ya tara tun yana tsutsa yake rayuwa, kwanaki kaɗan kacal, kuma aikinsa ɗaya ne: haihuwa. Namijin yana da ƙahonni masu gashi-gashi, da su yake shaƙo ƙamshin da macen ke saki cikin dare, ya bi iska har ya same ta. Ita kuma ta manna ƙwai ɗaruruwa a dunƙule jikin ƙaramin reshen kaɗanya, daga nan nata ya ƙare.

Bayan kimanin wata guda ƙwan ya ƙyanƙyashe. Ƙananan tsutsotsin suna fara cin ganye a haɗe, kafaɗa da kafaɗa, suna saɓa sau da yawa suna ƙara girma, har su zama baƙaƙe masu ratsin rawaya da 'yan gasu farare. Makonni shida zuwa bakwai suke yi suna ci ba dare ba rana. A shekarar da suka yi yawa, a watan Yuli da Agusta, za ka ga kaɗanya tsirara a tsakiyar damina, kana tsaye a gindinta kana jin kashinsu yana zuba a ƙasa.

A nan ne manomi ke ɗaukar abin feshi, kuma a nan ne nake roƙon a dakata. Kaɗanya ta saba da wannan baƙo tun kafin a sari gonar farko a ƙasar Yauri. Tsutsar tana zuwa ne lokacin da 'ya'yan itaciyar suka riga suka nuna suna faɗuwa, mata suna tsintar ƙwara. Ganyen da aka cinye yana sake tohowa cikin 'yan makonni. Kafin nan rana ta sami hanyar sauka kan dawa da masarar da ke ƙarƙashin inuwa, kashin tsutsar kuma ya zama taki. Ba ta taɓa gero, ba ta taɓa shinkafa. Ganyen itace take nema.

Idan ta ƙoshi sai ta gangaro ta gindin itaciya, ta tona ƙasa mai laushi ta shige. Ba ta saƙa wa kanta gidan siliki kamar tsutsar tsamiya da ake yin zaren babbar riga da ita. Fatarta ce ke taurara ta zama kwanso, ta kwanta a ciki kusan wata tara. Kaka ta wuce, hunturu ya zo da gobarar daji, bazara ta gasa ƙasa, tana nan a kwance tana jiran ruwan baɗi. Ke nan sau ɗaya tak take haihuwa a shekara, kuma kashi uku cikin huɗu na rayuwarta a cikin ƙasar gindin kaɗanya take yinsa.

Lokacin gangarowar ne masu cinta ke tsince ta da sassafe. Nufawa suna kiranta manimani, ana tafasa ta da gishiri, a shanya, a kai kasuwa, a sa a miya. A Bobo-Dioulasso ta Burkina Faso ana soya ta har a zuba a burodi. Wasu cikinmu suna ƙyamarta, wannan kuwa kowa da abin da ya saba. Amma fiye da rabin nauyin busasshiyarta sinadarin gina jiki ne, kuma tana zuwa ne a tsakiyar damina, daidai lokacin da rumbu ya yi ƙasa. Tsuntsaye da tururuwa su ma suna samun rabonsu.

Tun da aka kammala madatsar Kainji a 1968, ruwa ya shanye gungu da fadamu, aka tayar da sama da mutum 40,000, noma ya ƙara matsawa kan tudu. Yau babbar barazanar da kaɗanya da baƙonta ke fuskanta ita ce gatarin mai gawayi, domin gawayin kaɗanya yana da ƙarfin wuta, masu saye suna nemansa. Itaciyar da takan kai shekara 15 kafin ta fara 'ya'ya, a wuni ɗaya ake mayar da ita buhuna a jera bakin titi. Garmar tarakta kuma tana tono kwanson da ke kwance ta bar shi a rana.

A watan Agustan 2025 gwamnatin tarayya ta dakatar da fitar da ɗanyar ƙwarar kaɗanya zuwa ƙasashen waje na tsawon wata shida, don a riƙa sarrafa man kaɗe a gida. Madalla, sai dai dokar ba ta kai gindin itaciya ba, can kuwa ikon mai gona ne. Malam manomi, idan ka zo huɗa ka bar ɗan fili kewaye da kaɗanyarka ba tare da garma ta nutsa ba, kuma a watan Yuli da Agusta ka kawar da bakin abin feshinka daga rassanta.