Tawayen Dimdim: Abin da Ya Kamata Ku Sani

A ƙarshen shekarar 1609, dakarun Shah Abbas na Ɗaya, sarkin daular Safawiyya ta Iran, suka yi wa ganuwar da ke kan dutsen Dimdim ƙawanya, kudu da birnin Urmiya. A ciki akwai Amir Khan, shugaban Kurdawan Baradost, da jama'arsa.

Amir Khan fa mutumin Shah ne. Shah ne ya tabbatar masa da sarautar yankin, kuma an ce da ya rasa hannu ɗaya a fagen fama, Shah ya sa aka ƙera masa na zinariya. Shi ya sa Kurdawa ke ce masa Lepzerin, wato Mai Hannun Zinariya.

To me ya raba su? Ganuwar ce. Ƙasar Baradost tana bakin iyakar Safawiyya da daular Usmaniyya ta Turkawa, waɗanda ke gwabza yaƙi tun 1603. Su Baradost Sunni ne kamar Turkawan, gidan sarautar Iran kuwa Shi'a. Da Amir Khan ya gyara tsohuwar ganuwar ya ƙarfafa ta, sai gwamnan Tabriz ya kai ƙorafi fada. Ba a rasa dalilin tsoron ba: mai irin wannan mafaka a bakin iyaka, ranar da ya ga dama zai iya juya baya.

Babban waziri Hatam Beg ne ya jagoranci yaƙin, amma ya rasu kafin a ci ganuwar. An yi ta luguden igwa, sai dai ƙishirwa ce ta fi karya mutanen ciki, bayan an datse musu hanyar ruwa. Dimdim ta faɗi a 1610, aka kashe Amir Khan da mayaƙansa. Cikin wannan shekara aka karkashe shugabannin Kurdawan Mukri su ma. Daga baya ƙabilar Afshar, masu jin Turkanci, suka zama masu faɗa a ji a Urmiya.

Labarin ya zo mana ta baki biyu. Iskandar Beg Munshi, marubucin tarihin fadar Shah, butulci da tawaye ya kira abin. A waƙar baka ta Kurdawa kuwa, Beyti Dimdim, mutanen ganuwar shahidai ne da suka gwammace mutuwa da miƙa wuya. Daga wannan gado Arab Shamilov, marubuci Bakurde na Tarayyar Sobiyat, ya rubuta littafinsa na ƙagaggen labari mai suna Dimdim.